Wanda Ya Ce Ed O'Bannon Butulu Ne, Ya Zo Mu Yi Lissafi

Ƴan uwana ɗalibai, gardama ce ta haifi wannan rubutu, kuma ba zan ɓoye muku ba, da fushi na fara shi. Wata Asabar muna zaune a fada bayan mun taso daga filin basket, shayi na biyu yana bisa wuta, sai hira ta kai mu ga ƴan wasan ƙwallon kwando na jami'o'in Amurka da kuɗin da anka fara biyan su. Na ambaci sunan Ed O'Bannon, mutumin da ya kai ƙarar da ta buɗe wannan ƙofa. Sai wani yayanmu, wanda nake ganin girmansa har gobe, ya aje kofi ya ce: "Wanga ai butulu ne. An ba shi buris, an ba shi ɗaki, an ba shi abinci, ya yi karatu kyauta a jami'ar da ni da kai ko ƙofarta ba mu gani, sannan ya juyo ya kai su kotu? In ni ne, wallahi godiya zan yi ta yi har in mutu." Rabin fada ta ce haka ne. Ni kuwa na yi ta in-ina, don bakina bai kai hannuna sauri ba. To Yaya, ka yi haƙuri, ga amsar da na kasa ba ka a daren nan. A takarda zan ba ka ita, kowa ya karanta ya raba mu.

Mu fara da mutumin, tunda da yawa cikinmu ba su san shi ba. An haifi Ed O'Bannon a Los Anjalas a 1972. Ya shiga jami'ar UCLA a 1990 yana cikin samarin da anka fi sa ma rai a duk Amurka. Saura kwanaki kaɗan a fara atisaye, ya yi tsalle ya zura ƙwallo, ya dira ba daidai ba, jijiyar gwiwarsa ta tsinke. Likitoci sunka ce mai yiwuwa ko tafiya ba zai ƙara yi daidai ba. Anka yi masa aiki, anka dasa masa jijiyar wani mamaci, ya share fiye da shekara yana jinya da koyon taka ƙafa. Ya dawo fili. A watan Afrilu na 1995, a garin Siyatil, UCLA ta kara da Arkansas a wasan ƙarshe na gasar jami'o'i, kuma Arkansas ce ke riƙe da kofin. UCLA ta ci 89 da 78. O'Bannon shi kaɗai ya ci maki 30, ya cafe ƙwallo 17 daga bisa allo. Rabon jami'ar da wannan kofi tun 1975. Anka ba shi kyautar gwanin gasar, anka ba shi kyautar Wooden ta gwanin shekara, daga baya jami'ar ta jingine lambarsa 31, ba mai ƙara sa ta.

Ƙungiyar New Jersey Nets ta ɗauke shi na 9 a zaɓen NBA na shekarar nan. To amma abin bai yi armashi ba. Shekara biyu ya yi a NBA, tsakanin Nets da Dallas, gwiwa tana ciwo, wurin da ake sa shi bai dace da shi ba. Sai yawon neman abinci: Italiya, Sifen, Girka, Ajantina, Polan. Da ƙafa ta ce ta gaji, ya aje ƙwallo yana ɗan shekara 30 da ƴan kai, ya koma kusa da Las Vegas yana sayar da motoci. Ban faɗi wannan don in ba ku tausayi ba. Sayar da mota sana'a ce, ya riƙe iyalinsa da ita, bai roƙi kowa ba.

A can ne abin ya faru. Wata rana ya je gidan abokinsa, ya tarar ɗan abokin yana wasan bidiyo na kamfanin EA Sports. Cikin allo ga wani ɗan wasa sanye da rigar UCLA ta 1995, lamba 31, baƙi, kai a aske, bahago, tsawo ɗaya, wurin tsayawa ɗaya. Suna kawai anka cire. Shi ne, ba ko tantama. Fiye da shekara goma da barin jami'a, ana sayar da surarsa a kanti, ba wanda ya tambaye shi, ba wanda ya ba shi ko tamma. Dalili kuwa, hukumar wasannin jami'o'i, NCAA, ta ɗauka cewa takardar da take sa ɗalibai su sa ma hannu kafin a bar su su taka fili ta ba ta wannan dama. A 2009 ya shigar da ƙara a madadin kansa da sauran ƴan wasa. Daga baya manya irin su Oscar Robertson da Bill Russell sunka mara masa baya.

To Yaya, yanzu mu yi lissafi. In na ce dala a nan, dalar Amurka nake nufi, kada wani ya ɗauka tamu ce ta tamma biyar. A 2010, shekara ɗaya bayan ƙarar, NCAA ta sayar ma gidajen telebijin na CBS da Turner haƙƙin nuna gasar watan Maris na shekara 14 a kan dala miliyar 10.8. In ka juya shi sefa ya haura miliyar 5,000, fiye da kasafin kuɗin ƙasarmu na shekara guda. A 2016 anka ƙara wa'adin da shekara 8 a kan dala miliyar 8.8. A shekarar nan dai, UCLA ta sa hannu da kamfanin Under Armour a kan dala miliyan 280 don ƴan wasanta su riƙa sa takalmansa da rigunansa. A 2019 jami'ar Kentaki ta ba mai horar da ƴan wasanta, John Calipari, kwantiragin shekara 10 na dala miliyan 86. Mai horarwa ya ci, mai takalmi ya ci, mai telebijin ya ci, mai sayar da tikiti ya ci, har mai sayar da lemo a bakin ƙofa ya ci. Mutum goma ne kawai a duk zauren doka ta hana su taɓa ko sisi, su ne waɗanda ke gudu cikin fili. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Kuma a wancan lokacin, in wani ya ga yaron ya ba shi ɗan na kashewa, ko ya biya shi don ya sa hannu bisa riga, yaron ne za a kora, a ce ya ɓata sunan wasa.

Ka ce an ba shi buris. Gaskiya ne, kuma ni da nake layin jiran tawa wata da watanni ba zan raina buris ba. Amma ka san wace iri ce? Daga 1973 har zuwa 2012, dokar NCAA ta ce buris ta ɗan wasa ta shekara ɗaya ce, sai an sabunta. Wa ke sabuntawa? Mai horarwa. In ka ji ciwo, ko an samo wanda ya fi ka, yana iya cewa ka tattara. Kyautar da za a iya ƙwacewa ranar da ƙafarka ta karye, wannan ladan aiki ne, sai dai anka ƙi kiransa da sunansa. Kuma ladan ma bai cika ba. A 2014, ana tsakiyar wasannin ƙarshe, Shabazz Napier na jami'ar Konetikat ya gaya ma ƴan jarida cewa akwai daren da yake kwana da yunwa. Shi ne gwanin gasar shekarar nan. Ba a jima ba NCAA ta cire iyakar abincin da jami'a za ta iya ba ɗan wasa. Ka ji fa, da can har abinci da iyaka.

Mu ƴaƴan manoma mun san wani tsari da ya yi kama da wannan. Saurayi yana noma a gandun ubansa, ba a biyansa albashi. Uba ke ciyar da shi, shi ke biyan haraji, shi ke yi masa aure. Amma ko a gandu, ana yanka ma yaro gamana tasa, wadda wasu ke ce ma gayauna, a ba shi ranakun da zai nome ta, abin da ya samu nasa ne, ya sayi keke ko rediyo, ba mai tambayarsa. Kuma ya san wata rana gandun nan gado ne. NCAA ta ɗauki gandu ta bar gamana, ta bar gado. Abin da O'Bannon ya nema bai wuce gamana ba: fuskata da sunana, ku bar mini su. Wane dattijo ne a ƙauyenmu zai ce ma saurayi butulu don ya nemi gamana?

Ka ce ya yi karatu kyauta. Nan ma mu duba. Yaron da ke atisaye kullum, yana ɗaga ƙarfe, yana kallon bidiyon abokan karawa, yana hawa jirgi tsakiyar mako daga wannan jiha zuwa waccan, yaushe zai zauna laburare? Wasu suna yi, na jinjina musu. Amma ga abin da ya fito a jami'ar North Carolina, ɗaya daga cikin manyan gidajen basket. Binciken da ita jami'ar ta sa anka yi, wanda ya fito a 2014, ya nuna cewa daga 1993 zuwa 2011 an yi ta ba da darussan da ba a shiga aji, ba malami, sai ka kawo takarda ɗaya a ba ka maki mai kyau. Ɗalibai fiye da 3,000 sunka bi ta nan, kusan rabinsu ƴan wasa. Abin takaici, a sashen nazarin Afirka da baƙaƙen Amurka anka yi wannan wasa da hankali. Manufar ita ce maki ya kai yaro ya ci gaba da buga ƙwallo. Shi kansa O'Bannon bai fita UCLA da digiri a 1995 ba. Sai da ya koma aji yana magidanci, ya gama digirinsa na tarihi a 2011. Ilimin da kake cewa an ba shi, da ƙafarsa ya koma ya ɗauko shi bayan shekara 16.

Wani a fada ya ce ai jami'a tsani ce, daga nan sai NBA sai miliyoyi. Mu ƙirga. Jami'o'in rukuni na ɗaya sun haura 350. Kafin 2025, kusan kowace tana da buris wajen 13 na basket. Ka ga samari fiye da 4,000 ke nan. NBA mutum 60 take zaɓa a shekara, kuma cikinsu akwai ƴan Faransa, ƴan Sabiya, ƴan ko'ina. Sauran fa? Ga mafi yawansu, shekarun jami'ar nan su ne kaɗai lokacin da sunansu ke da kasuwa a duk rayuwarsu, kuma daidai lokacin ne anka ɗaure musu hannu. O'Bannon ma da ya shiga cikin 60 ɗin, na 9 fa, kun ga inda tsanin ya sauke shi.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne sunan da anka raɗa musu, wai "ɗalibi ɗan wasa". Sunan yana da daɗin ji, amma ku ji asalinsa. Walter Byers, wanda ya shugabanci NCAA tun 1951 har fiye da shekara 30, shi da mutanensa sunka yaɗa shi, don kada kotu ta ɗauki ƴan wasa a matsayin ma'aikata. A 1955 wani ɗan wasan ƙwallon Amurka mai suna Ray Dennison ya mutu bayan bugun da ya sha a kai cikin fili a jihar Kolorado. Matarsa ta nemi diyyar da ake ba iyalin ma'aikacin da ya mutu a bakin aiki. Kotun ƙolin jihar ta hana ta, ta ce ba ma'aikaci ba ne. Wannan shi ne aikin sunan tun farko. Kuma Byers da kansa, da ya tsufa, ya rubuta littafi a 1995 yana sukar tsarin da ya gina, har ya kamanta tunanin masu shi da na masu gandun bayi. A shekarar da O'Bannon ya ɗaga kofi ke nan. Maginin ya ce ginin karkatacce ne, kai Yaya kana cewa wanda ke ciki ya yi godiya.

Yaya shari'ar ta ƙare? A watan Agusta na 2014 alƙaliya Claudia Wilken ta yanke hukunci cewa dokokin NCAA sun saɓa ma dokar da ta hana ƴan kasuwa haɗa baki su danne farashi. Ta ce jami'o'i na iya biyan cikakken kuɗin zaman ɗalibi, su kuma aje masa har dala 5,000 a shekara. A 2015 kotun ɗaukaka ƙara ta yarda an saɓa doka, amma ta soke maganar 5,000. Kotun ƙoli ta ƙi sauraron ƙarar a 2016. Kamfanin wasan bidiyon da abokin cinikinsa sun riga sun sasanta a kan dala miliyan 40, anka raba ma dubban ƴan wasa. Kamar ƙaramar nasara. To amma ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. A 2019 jihar Kalifoniya ta yi dokar da ta ba ƴan wasa damar cin kuɗin sunansu. A watan Yuni na 2021, a wata shari'ar, alƙalan kotun ƙoli 9 duka sunka ba NCAA rashin gaskiya, ɗaya cikinsu, Brett Kavanaugh, ya rubuta cewa irin wannan tsari haramtacce ne a kusan kowace sana'a a Amurka. Ranar 1 ga Yuli ta shekarar nan NCAA ta saki. A 2025 ita dai alƙaliya Wilken ta amince da sulhun da zai biya tsofaffin ƴan wasa kusan dala miliyar 2.8, kuma jami'o'i sunka samu izinin biyan ƴan wasansu kai tsaye. Wannan kuɗi na waɗanda sunka yi wasa daga 2016 ne. O'Bannon ba ya ciki. Shekaru ya yi yana shan zagi, ana cewa shi ya kashe ma yara wasan bidiyonsu, kuma bai yi arziki da shari'ar ba. Ya dasa itacen da wasu ke shan inuwarsa. In wannan ne butulci, Allah Ya ƙaro mana irinsa.

Ba zan yi ƙarya in ce komai ya gyaru ba. Akwai maganar da Yaya ya yi wadda ke da ƙamshin gaskiya: yanzu yara suna sauya jami'a kamar riga, wanda ya fi tayi shi ke ɗauka, dillalai sun cika wuri, ƙananan jami'o'i ba su iya gasa da manya, kuma akwai tsoron kada wasannin da ba su kawo kuɗi su rasa tallafi. Duk na yarda. Amma masu horarwa sun daɗe suna tsallake kwantiragi su koma inda anka fi biya, ba wanda ya ce wasa ya lalace. Jami'o'i sun daɗe suna barin rukuninsu na gado don kuɗin telebijin, ba wanda ya yi kuka. Sai ranar da yaro ɗan shekara 19 ya yi abin da manyansa ke yi, sannan anka tuna da tarbiyya. Kuɗi sun daɗe cikin wasan nan. Abin da ya sauya kawai shi ne hannun da ke karɓa ya ƙaru da ɗaya.

Wani zai ce mene ne ruwanmu, mu da ke buga basket bisa siminti mai tsaga, kwando ba raga? Ruwanmu biyu ne. Na farko, hanyar nan ƴan Afirka na bin ta. Hakeem Olajuwon daga Legas ya je jami'ar Hustan, Dikembe Mutombo daga Kinshasa ya je Jojtawun, Joel Embiid daga Yawunde ya je Kansas. Ba yaron da ya yi tsawo a filinmu da bai taɓa wannan mafarki ba. To ku sani, ɗalibin da ya shiga Amurka da bizar karatu, dokar biza ta taƙaita masa aikin kuɗi, don haka ƙofar da O'Bannon ya buɗe ba ta buɗe masa duka ba. Oscar Tshiebwe, ɗan Lubumbashi, shi ne gwanin shekara a 2022 a Kentaki, amma sai da ƙungiyarsa ta je tsibirin Bahamas sannan ya samu sararin yin tallace-tallacen da abokansa ke yi a gida hankali kwance. Ƙanenmu da zai tafi gobe, gara ya tafi ya san haƙƙinsa, ya san karanta takarda kafin ya sa hannu.

Na biyu ya fi kusa. Ina lise, mun ci wata gasa ta makarantu da wani kamfani ya ɗauki nauyi. Ba zan faɗi suna ba. Anka ba mu riguna masu tambarinsu, anka ɗauke mu hoto muna ɗaga kofi. Da anka gama, anka ce mu tuɓe rigunan, na baɗi ne. Munka koma gida da ruwan leda da biskit. Bayan wata biyu sai ga hotonmu bisa babban allo a bakin titi, ni ne na biyu daga hagu, baki buɗe. Innata ta gani, ta tambaye ni nawa anka ba ni. Na ce ba komai. Da munka je munka yi magana, wani babba ya ce mu gode Allah da anka san da mu, wasu nema suke a sa su ba su samu ba. Munka yi shiru, munka ma ce mun gode. Ba miliyoyi ba ne, ko jika biyar biyar da ta ishe mu. Amma tun ranar nan na san yadda kalmar godiya ke aiki a bakin mai ƙarfi. Ita ake jefo maka in ka tambayi lissafi. Ita ake jefo ma ɗalibin da buris tasa ta makara, da ɗan sitaj da ya shekara yana aiki ba ko kuɗin kabu-kabu, da yaron shago da ya girma a shago bai san ranar sallama ba.

Iyayenmu sun koya mana godiya, kuma ba ni da niyyar zubar da ita. Ana gode ma wanda ya ba ka abin da ba ka yi ma aiki ba. Wanda ya ci riba da guminka kuwa, tsakaninku lissafi ne, in an gama lissafi sai a yi musabaha kowa ya gode ma kowa. O'Bannon bai taɓa cewa UCLA ba ta yi masa komai ba, can ma ya koma ya gama karatunsa. Cewa ya yi a buɗe littafin ciniki a gani.

Don haka Yaya, ga tayina. Asabar mai zuwa ni zan sayi shayi da sukari. Ka zo da alƙalami, in zo da waɗannan lambobi. Ka rubuta buris da ɗaki da abinci a gefe ɗaya, in rubuta dala miliyar 10.8 a ɗaya gefen, mu ba ƙaramin cikinmu ya yi mana ragi. In ya gama ka ce har yanzu mutumin butulu ne, zan saurare ka har shayi na uku ya huce.